Tafasa Da Tarihin Yunwa A Ƙasar Hausa

Duk mai bibiyar littattafanmu na hikaya ya san irin abincin da ake jerawa gaban jarumi idan ya dawo daga ofis: farfesun kaji, soyayyen dankalin Turawa da ƙwai, sai lemon kwali mai sanyi. Kwaɗon tafasa ba ya shigowa labari sai in marubuciya tana son ta nuna mana cewa talauci ya yi wa gidan su yarinyar katutu, ko kuwa 'yar ƙauye ce da ba ta waye ba tukuna. Da zarar Alhaji ya aure ta ya kai ta gidan sama, shi ke nan an yi sallama da tafasa har ƙarshen littafi. Ban ga laifin marubutan ba, domin abin da ke zukatan jama'a suka kwaso suka zuba a takarda. Mutane da yawa in an ce tafasa, yunwa ce ke faɗo musu a rai.

To amma tarihi bai goyi bayan wannan kallo baki ɗaya ba. Abin da ya nuna shi ne, cin tafasa shi kaɗai ba ya tabbatar da yunwa. Abin da aka ci ta da shi, da kuma watan da aka ci ta, su ne ma'auni. Rashin fahimtar wannan bambanci ya taɓa jawo gardama babba, kamar yadda za mu gani.

Bari mu fara da ita kanta, saboda yaran birni. Tafasa ciyawa ce mai tsayuwa, takan kai gwiwa ko ƙugu, wani lokaci ma ta fi haka idan ta samu taki. Ganyenta ya yi kama da na gyaɗa, sai dai gyaɗa ƙananan ganye huɗu take jerawa a kan kowane reshe, ita kuwa tafasa shida ne, uku-uku suna fuskantar juna, kuma bakinsu a zagaye yake ba tsini. Da magariba sai su rufe kamar an tafa hannu, da safe su buɗe. Furenta ruwan ɗorawa ne, kwansonta dogo siriri mai ɗan lanƙwasa kamar lauje. Wurin zamanta juji, kangon gida, bakin hanya, burtali da saura. Dabbobi ba su cika kula ta ba tana ɗanya, shi ya sa duk makiyayar da shanu suka cinye ciyawarta ƙarƙaf sai ka ga tafasa ta mamaye wurin. Tana da 'yar uwa, rai-ɗore, wadda ganyenta ke da tsini kuma kwansonta ya fi faɗi. Ya kamata mai tsinka ya iya raba su, domin a arewacin Indiya likitoci sun danganta mutuwar ƙananan yara da cin ɗanyun 'ya'yan rai-ɗore.

Wani likita ɗan ƙasar Sikotilan mai suna J. M. Dalziel, wanda ya yi aiki a Nijeriya ta Arewa a farkon mulkin Turawa, ya fitar da littafin sunayen tsirrai na Hausa a 1916, kuma ya sa tafasa ƙarƙashin sunan Cassia tora. Daga baya masana suka tantance cewa wadda ta cika Afirka ta Yamma 'yar uwarta ce ta kusa, wadda tun 1982 ake kira Senna obtusifolia. Abin da zai ba mai karatu mamaki shi ne asalinta. Galibin masana tsirrai sun tafi a kan cewa daga yankunan zafi na nahiyar Amurka ta fito. Ke nan baƙuwa ce, kamar masara da rogo da gwanda da taba.

A nan sai mutum ya dubi kwanon kwaɗo da kyau. Tafasa daga Amurka. Gyaɗar da aka yi ƙuli-ƙuli da ita daga Amurka ta Kudu, Turawan Fotugal suka kawo ta gaɓar Afirka bayan tafiyar Kolombas ta 1492. Barkono da tumatir su ma daga can. In ka cire gishiri da albasa da kanwa, duk abin da ke cikin wannan kwano da muke ɗauka gadon kaka da kakanni ne, ta teku ya iso. Sauran baƙin an karɓe su an ba su gona da kunya, ita kuwa tafasa ba wanda ya gayyace ta, ta samar wa kanta wuri a bayan gida. Wani abin dariya kuma, a jihohin Jojiya da Alabama na Amurka tana cikin ciyayin da manoman gyaɗa da waken suya da auduga suka fi tsana, ana kashe kuɗi mai yawa wajen yaƙarta. A jihar Kwinslan ta Ostareliya har doka aka yi a kanta. Mu kuma a nan muka haɗa ta aure da gyaɗar.

Darajarta a wurin manomi tana cikin lokacin fitowarta. Ruwan shuka kan sauka a watan Mayu ko Yuni, gero kuwa ba ya nuna sai wajen ƙarshen Agusta ko Satumba. Tsakanin nan ne rumbu ke yin ƙasa, farashin hatsi ke hawa a kasuwa, ga kuma aikin da ya fi kowane wahala, wato noman fari da maimai. Ko a shekarar albarka waɗannan watanni suna da nauyi. Tafasa kuwa kwanaki kaɗan bayan ruwan farko take tsirowa, kafin rama da yakuwa da kuɓewar da aka shuka su kai a taɓa su. Don haka tun kafin a yi maganar fari, ita abincin damina ce ta yau da kullum, tare da ƙawayenta irin su lalo, gasaya, karkashi, yaɗiya da zaki-banza. Mace mai noma ta san su ɗaya bayan ɗaya, kuma idan fartanyarta ta zo kan lalo ko karkashi a cikin gero sai ta kauce ta bar shi.

Yadda ake sarrafa ta ba boyayye ba ne, amma akwai hikima a kowane mataki. Toho da ganye masu taushi ake tsinka, kafin ta yi fure, domin in ta tsufa ɗaci da wari sun ƙaru. A wanke a fitar da ƙasa, a zuba a tafasasshen ruwa da ɗan jiƙon kanwa don ta yi laushi da wuri. Idan ta dahu sai a tsiyaye ruwan a zubar, a matse ta sosai da hannu. Wannan zubar da ruwa ba don ɗanɗano kaɗai ba ne. Dangin tafasa duka suna ɗauke da wani sinadari mai sakin ciki, irin wanda ya sa ake shan filasko don wankin ciki, kuma filasko ɗan gidansu ne. Tsofaffinmu ba su san sunan sinadarin ba, amma sun san wanda ya sha ruwan farko zai kwana yana zarya. Bayan an matse sai a zuba dakakken ƙuli-ƙuli da gishiri da barkono, a yanka albasa da tumatir, mai hali ya ɗiga man gyaɗa. In ba kwaɗo ba, a cakuɗa ta da tsakin masara ko na gero a turara a madambaci, ta zama dambu. Wadda ta yi saura a shanya a inuwa a adana, da rani a yi miya da ita da daddawa.

Wannan aiki kusan duk na mata ne. A garuruwan da ake kulle, tsofaffi da yara ke fita tsinka, matan aure su dafa a cikin gida, 'yan mata su ɗauka talla. Kuma bisa al'ada ba a hana mutum tsinkar abin da Allah ya tsirar a saura ko bakin gona. Gero yana da mai shi, tafasa ba ta da shi. Bazawara da marainiya da tsohuwar da ba ta da ɗa namiji duk suna da rabo a cikinta, kuma a ganina wannan ne babban dalilin da ya sa ta yi tasiri a shekarun wuya.

Shekarun wuyar kuwa Bahaushe bai bar su ba suna ba. Wadda ta fi shahara ita ce Kakalaba, ta 1913 zuwa 1914, zamanin Sarkin Kano Abbas. Jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, ya fara aiki sosai a 1912, nan da nan kasuwar gyaɗa ta buɗe, manoma da yawa suka karkata gare ta saboda kuɗin haraji. Sai damina ta 1913 ta zo da ƙarancin ruwa irin wanda tsofaffin lokacin ba su taɓa gani ba. Kafin kakar 1914 dubun-dubatar mutane sun mutu a lardin Kano kaɗai, ban da waɗanda suka kwararo daga ƙasar Faransi, wato Nijar ta yau, suna faɗuwa a kan hanya. Bayanta aka yi 'Yar Buhu a 1927, da 'Yar Gusau a 1942, da Muda wajen 1954. Michael Watts, wanda ya yi bincike a Kaita ta ƙasar Katsina, ya bi diddigin waɗannan a littafinsa Silent Violence na 1983, kuma hujjarsa ita ce ba rashin ruwa kaɗai ke kashe mutane ba, haraji da bashi da kasuwa sun riga sun raunana talaka kafin farin ya zo.

Idan aka duba yadda mutane suka rayu a irin waɗannan shekaru, sai a ga abin hawa-hawa ne. Da farko ana cin tuwo da dare, kwaɗo da rana. Sai a rage tuwon a ƙara ganye. Sai dambu ya koma ganye zalla da ɗan barbaɗen tsaki a kai don a yaudari ido. Sai ƙuli-ƙuli ya ɓace daga kwaɗo, ya rage gishiri kawai. Daga nan ake tsallakawa zuwa abubuwan da ba a ci sai dole: dusa, 'ya'yan ƙarangiya da ake sussukewa daga cikin ƙayarsu, da anza, wadda sai an jiƙa 'ya'yanta kwana da kwanaki ana sauya ruwa kafin ɗacinta ya fita. Har gidan tururuwa akan fasa a kwashe abin da ta tara. Ko ƙarangiyar ma ba kowa ke ɗaukar ta abincin yunwa ba, domin Heinrich Barth, Bajamushen da ya shigo Kano a 1851 da sunan Abdulkarim, ya rubuta cewa Buzaye da yawa da 'ya'yanta suke rayuwa. Tafasa dai tana matakin farko na wannan tsani, ana cin ta da wadata ana cin ta da babu.

Akwai kuma iyakarta, wadda masu yabon abincin gargajiya ba su cika son faɗa ba. Tafasa ruwa take so. In fari ya yi tsanani ita ma ƙanƙancewa take yi ta bushe, sai a koma ga masu dogon saiwa irin su yaɗiya da jiga da anza. Sannan ganye, kome kyansa, ba hatsi ba ne. Yana da sinadaran gina jiki da na ƙarin jini da na ƙarfin ƙashi, amma ba shi da ƙarfin da zai riƙe mai noma yini guda. Babba zai iya cika cikinsa da shi ya lallaɓa. Yaron da aka yaye kuwa cikinsa ƙarami ne, zai cika tun bai samu abin da jikinsa ke bukata ba. Shi ya sa a kowace yunwa yara ƙanana ke fara tafiya.

A farin 1972 zuwa 1974, zamanin Janar Gowon, an samu wanda ya zauna ya rubuta abin da mutane ke ci. Michael Mortimore, malamin da ya koyar a jami'o'in Zariya da Kano, ya yi shekaru yana komawa ƙauyen Dagaceri da ke cikin Jihar Jigawa ta yanzu, ya kuma fitar da littafinsa Adapting to Drought a 1989. A ciki ya jera tsirrai masu yawa da mutanen karkara suka dogara da su, ya nuna cewa wannan sani ne da aka gada, ba faɗuwar gaba ce ta sa mutum cusa duk abin da ya gani a baki ba. Ana cikin farfaɗowa kuma, a 1975, wata cuta da ƙwarin darɓa ke yaɗawa ta lalata gyaɗar Arewa. Masu tarihi sukan ambaci wannan a matsayin ƙarshen dalar gyaɗa ta Kano. Ni kuwa ina tuna cewa gyaɗar nan ita ce ƙuli-ƙulin da ke mai da ganye abinci.

Shekaru goma bayan haka fari ya dawo. A Nijar, musamman wajen Maraɗi, yunwar 1984 zuwa 1985 El-Buhari ake ce mata, saboda ta zo daidai da rufe iyaka da gwamnatin Janar Buhari ta yi a Afrilun 1984, abin da ya toshe hanyar hatsi da ta 'yan cin rani. Wannan fari bai tsaya a ƙasar Hausa ba, ya bi ta Chadi har Darfur a yammacin Sudan. A can ne za mu ga abin da wasu suka yi da tafasa wanda mu ba mu yi ba.

Mutanen Darfur da na gabashin Chadi suna da wani abu da suke kira kawal. Kada a rikita shi da kalwa tamu, ko da yake aikinsu a tukunya kusan ɗaya ne. Ɗanyen ganyen tafasa ake dakawa ya yi laushi, a danna shi cikin tulu, a rufe da ganyen dawa, a binne tulun a ƙasa wuri mai inuwa. Duk bayan 'yan kwanaki a buɗe a juya da hannu a mayar. Bayan kamar mako biyu ya ruɓa ya yi baƙi, sai a cura shi ƙanana a shanya a rana. Warinsa yana da ƙarfi ƙwarai, har yakan daɗe a hannun wadda ta juya shi. Amma idan aka jefa shi a miya yana maye gurbin nama, kuma yana ajiyuwa wata da watanni. Hamid Dirar na Jami'ar Khartum ya yi rubutu a kansa a 1984, shekarar farin kanta, sannan ya faɗaɗa a littafinsa na 1993 kan abincin Sudan da ake ruɓarwa. Gwajin da aka yi ya nuna kusan kashi ɗaya cikin biyar na busasshen kawal, ko fiye, sinadarin gina jiki ne. Mu da muka iya daddawar kalwa da ta batso, dabarar ba za ta gagare mu ba, sai dai ba mu bi ta wannan hanya da tafasa ba.

Gardamar da na ambata tun farko a 2005 aka yi ta. Damina ta 2004 ta yanke da wuri a sassan Nijar, fara kuma ta sauka a wasu wurare, farashin gero ya yi tashin gwauron zabo. A tsakiyar 2005 hotunan yara ramammu daga Maraɗi suka cika gidajen talabijin na duniya, kuma ɗaya daga cikin abubuwan da 'yan jaridar waje suka riƙa maimaitawa shi ne, mutane sun koma cin ganye. A watan Agusta Shugaba Tandja Mamadou ya shaida wa BBC cewa babu yunwa a ƙasarsa. Duk Bahaushen da ya ji rahoton farko zai yi murmushi, domin ya san ko gidan mai unguwa ana kwaɗo a watan Yuli. Wannan murmushi kuwa shi ne hatsarin, saboda yana sa a yi watsi da rahoton gaba ɗaya, a ce ai dama mun saba. Alhali a shekarar nan ƙungiyar likitocin MSF kaɗai ta yi jinyar yara fiye da 60,000 masu tsananin tamowa a Nijar. Baƙon ya ga ganye ya ce yunwa, ɗan gida ya ga ganye ya ce lafiya lau. Da an leƙa kwanon an tambayi matar gidan yaushe rabonta da ta sa tsaki a ciki, da an samu amsa tun da wuri.

Wannan tambaya ba ta tsufa ba. Bayan cire tallafin man fetur a Nijeriya a watan Mayun 2023, abinci ya yi tsadar da har a farkon 2024 aka riƙa ba da labarin mutane a Arewa suna sayen afafata, shinkafar da a da ake warewa a ba kifi. A irin wannan hali wanda ke da tsohuwa a gida da ta san ganyaye ya fi wanda ba shi da ita.

Wani abin da ya sauya kuma shi ne kasuwa ta gano 'ya'yanta. A Sin da Koriya da Japan an daɗe ana soya su a yi shayi. Masana'antu kuma suna fitar da wani gari mai kauri daga cikinsu, wanda Tarayyar Turai ta amince a sa a abincin mutane a 2010. Indiya ce kan gaba a wannan ciniki, amma a Arewa ma 'yan kasuwa na sayen 'ya'yan tafasa buhu-buhu don fitarwa waje. Sai dai ɗanyunsu guba ne ga kaji da dabbobi idan suka yi yawa a cikin abincinsu, don haka mai kiwo ya kula da hatsin da ya gauraya da su.

Babbar barazana ga mai tsinka a yau ita ce maganin feshi. A da fartanya ce ke noma, kuma fartanya tana hannun mai ido, tana iya barin lalo ta sare ƙiri-ƙiri. Maganin kashe ciyawa ba ya zaɓe. Yanzu ana fesa shi a gona kafin shuka, a bakin hanya, har a kangon cikin gari, wato daidai wuraren da tafasa ke fitowa. Magungunan kuma iri-iri ne. Akwai mai ƙona ganye cikin yini ɗaya ko biyu, wannan ko yaro zai gane ya kauce. Akwai kuma mai bi ta cikin jikin ciyawa a hankali har saiwa, wanda yakan ɗauki kusan mako guda kafin ganye ya fara sauya launi. A cikin kwanakin nan tafasar tana nan kore shar kamar ba abin da ya same ta, kuma wanki da ruwa ba ya fitar da abin da ya riga ya shiga cikinta. Don haka wadda za ta tsinka a gonar da ba tata ba, sai ta fara neman mai gonar ta tambaye shi ko ya yi feshi, da kuma ranar da ya yi.